Zanen da ke bin halin zuciyar mai kallonsa: ya nuna maka damuwarka ne ko ya lallashe ka?

Mai_Tsinkaye
Assalamu alaikum 'yan uwa. Wani tunani ne ya ƙi barina, na ce bari in ajiye shi a nan mu ji ta bakin kowa. Ku ƙaddara akwai wani zane babba da ya cika bango guda, an ware masa ɗaki shi kaɗai. Ba mutum a cikinsa, ba dabba, fili ne shimfiɗe da sararin sama, sai wani ruwa can nesa. Sai dai zanen ba ya zama a kama ɗaya. Duk wanda ya tsaya a gabansa, halin da zuciyarsa ke ciki zai bi. Wanda ya shigo da walwala zai ga hantsi ya buɗe, ruwan yana ƙyalli. Wanda ya shigo ransa a ɓace zai ga hadari ya haɗo, launuka sun yi duhu, layukan sun yi kaushi. Mai tsoro kuwa zai ga filin yana ta tsukewa har ruwan ya ɓace masa.

Babu wannan zanen a ko'ina, a kaina yake. Tambayata ita ce, idan da za a yi shi, me ya kamata ya yi wa mai baƙin ciki? Ya nuna masa baƙin cikinsa ƙuru-ƙuru, ko ya ba shi haske don ya lallashe shi? Ku kuma, za ku yarda ku tsaya a gabansa?

Ummu_Safiyya
Wa alaikumus salam. Lallashi mana. Mutum damuwa ta ishe shi, ya fito ko zai ji sanyi a ransa, sai kuma a tare shi da hadari? Ai an ƙara masa zafi a kan zafi.

Sadauki99
Yin sa ma ba zai yi wuya ba. Labarin zuciya a tambayi fuska. A maƙala kyamara a saman allon, in ta ga ka haɗe gira ta kawo duhu, in ta ga ka washe baki ta kawo rana. Ni dai zan tsaya, ko layi ne zan bi.

Injiniya_Kabir
Malam Mai_Tsinkaye, abin da ke kanka an taɓa gwada ƙaninsa. A 2006 wasu masu bincike daga Jami'ar Bath ta Ingila da Jami'ar Boston ta Amurka, John Collomosse da Maria Shugrina da Margrit Betke, sun haɗa wata manhaja da ke kallon fuskar mutum ta kyamarar kwamfuta. Tana duba yadda bakinka ya lanƙwashe, da yadda ka buɗe ido, da inda girarka ta karkata. Daga nan sai ta sake zana hoton da ke kan allo: in ta ɗauka fushi kake, launukan su yi duhu, shafin burushin ya yi ƙarfi da kaushi. In ta ɗauka kana cikin nishaɗi, launukan su yi haske, shafin ya yi laushi. Yadda Sadauki ya faɗa ɗin nan dai.

Tushen irin waɗannan manhajoji aikin Paul Ekman ne, wani masanin halayyar ɗan Adam Ba'amurke. Shi ya yi fice da ra'ayin cewa akwai yanayi shida da fuska ke nunawa iri ɗaya a ko'ina a duniya: farin ciki, baƙin ciki, fushi, tsoro, mamaki da ƙyama. A 1978 shi da Wallace Friesen suka fitar da tsarin da ya rarraba motsin fuska daki-daki, kowane motsi da lambarsa. Wannan tsarin kwamfuta ke koyo. Yau da aka samu ƙirƙirarriyar basira mai zana hoto cikin daƙiƙoƙi, ɓangaren canza zanen shi ne mafi sauƙi.

Malama_Hadiza
Injiniya, tarihin da ka kawo daidai ne, amma ka tsaya a rabin hanya. Ra'ayin Ekman ya sha suka mai ƙarfi. A 2019 Lisa Feldman Barrett, wata masaniyar halayyar ɗan Adam, da wasu masana huɗu sun bi bincike sama da 1,000 a kan fuska da motsin rai, suka ce ba za a iya dogara da fuska a gane abin da mutum ke ji ba. Misalin da aka fi ambato shi ne, mai fushi yana haɗe gira ne ƙasa da kashi 30 cikin ɗari na lokutan da yake fushin. Sauran lokutan yana iya yin shiru, ko murmushi, ko kuka. Kuma mutum na haɗe gira don yana tunani mai zurfi, ko haske ya dame shi, ko cikinsa ke ciwo.

Ɗan uwa Sadauki, waɗanda suka ce labarin zuciya a tambayi fuska su ne kuma suka ce haƙorin dariya shi ke cizo. Kyamarar taka za ta ga murmushin yaƙe ta kunna maka rana tsaka.

Sadauki99
Malama, na ji. Amma ai mu ma muna gane wanda ke cikin damuwa ko bai faɗa ba. In ido na iyawa, me zai hana kyamara?

Malama_Hadiza
Saboda ba fuskar kaɗai kake karantawa ba. Ka san mutumin, ka san yadda yake jiya, ka ji muryarsa, ka san abin da ya same shi a makon nan. Zanen bai san ko ɗaya ba, fuska kawai ya gani na ɗan lokaci.

Anti_Nas
Bari in sa baki a matsayina na ma'aikaciyar jinya. Abin da Malama ta faɗa kullum ina ganinsa. Akwai wani dattijo da na taɓa kula da matarsa. Likita ya gama yi masa bayanin da ba wanda yake son ji, ya ce "to, mun gode, Allah ya saka", yana murmushi har da sunkuyar da kai. Fuskarsa ko gezau. Da ya miƙo hannu zai karɓi takarda ne na ga yatsunsa na rawa, takardar har ƙara take yi. Ya ninke ta, ya sake ninkewa, ya sake, har ta koma 'yar mitsitsiya a tafinsa. Duk abin da ke cikinsa a hannun nan yake. Da zanen Malam Mai_Tsinkaye fuska kawai yake kallo, da hantsi zai nuna wa wannan bawan Allah.

Mutane da yawa dauriya aka koya musu tun suna yara. Irinsu su suka fi buƙatar a gane su, kuma su ne na'ura za ta fi kuskurewa.

Injiniya_Kabir
Anti ta kawo mu inda ya dace. Shi ya sa masu irin wannan aikin da yawa suka bar fuska suka koma jiki: bugun zuciya, numfashi, da gumin tafin hannu, wanda ke canza yadda fata ke ɗaukar lantarki. Waɗannan ba a cika iya ɓoye su ba. Har akwai dabarar auna bugun zuciya daga bidiyo kawai, don launin fata na ɗan canzawa duk lokacin da jini ya harba, canjin da ido ba ya gani.

Amma su ma da iyakarsu. Jiki yana faɗa maka cewa an motsu, ba ya faɗin da me aka motsu. Wanda aka yi wa albishir, da wanda ya tsorata, da wanda ya hau bene da gudu, duk zuciyarsu bugawa take da sauri. A 1975 an yi yayin wani zobe a Amurka da aka ce yana canza launi da halin zuciyar mai sanye da shi. Zafin yatsa kawai yake aunawa.

Wanda na ga ya fi kowa gaskiya a wannan fagen shi ne Rafael Lozano-Hemmer, wani mai fasaha ɗan asalin Meziko. A 2006 ya yi wani aiki mai suna Pulse Room: ɗaki ne cike da ƙwayayen fitila rataye daga sama. Za ka kama wani ƙarfe da hannu biyu, sai ƙwan da ke kusa da kai ya fara walƙiya daidai da bugun zuciyarka. Kana saki, bugun naka ya matsa zuwa ƙwai na gaba, na waɗanda suka riga ka su ma kowa ya matsa gaba ɗaya. Ɗakin gaba ɗaya zukatan mutanen da suka wuce ne ke bugawa. Bai ce maka kana farin ciki ko baƙin ciki ba. Bugun kawai ya nuna, fassarar ya bar maka.

Zarah_M
Wannan na fitilun ya taɓa ni wallahi. Wato in ɗakin ya cika, bugun wanda ya fi daɗewa sai ya fita ke nan?

Injiniya_Kabir
Haka ne, ƙanwata. Kowane sabon shigowa yana tura na ƙarshe waje.

Dattijon_Zane
Na karanta duka, kuma zan faɗi abin da ba zai yi wa wasu daɗi ba. Tun ina saurayi nake riƙe da burushi, kuma a ganina abin da Malam Mai_Tsinkaye ya siffanta madubi ne mai tsada, ba zane ba ne. Amfanin zane shi ne ya kawo maka abin da ba naka ba. Wani mutum ne, wataƙila ya rasu tun kafin a haifi kakanka, ya ga wani abu ya tsayar da shi a kan allo, kai kuma ka zo ka tarar. In allon zai riƙa juyawa yana bin ra'ayinka, to da wa ka gana? Da kanka ka shiga, da kanka ka fito.

Akwai wani ɗakin tunani a birnin Houston na Amurka da aka buɗe a 1971, zanen wani fitaccen mai zane, Mark Rothko, guda 14 ne a cikinsa, manya, kusan baƙaƙe, ba siffar komai. Mutane na zama a gabansu su yi ta hawaye. Zanukan ba waya a jikinsu, ba kyamara. Ba sa motsi ko kaɗan, kuma rashin motsin nan ne ƙarfinsu. Ka zo da farin ciki, suna nan yadda suke. Ka dawo bayan ka binne wani naka, suna nan yadda suke, amma sai ka ga abin da ba ka gani ba a zuwan farko. A nan ne kake gane kai ne ka canza. In zanen ma ya canza, da me za ka auna?

Sannan ku lura, wani bincike da aka yi a gidan adana zane na Metropolitan a New York, aka wallafa a 2001, ya nuna matsakaicin tsayuwar mutum gaban zane kusan daƙiƙa 27 ne. Ciwonmu rashin tsayuwa ne, ba rashin zanen da ke rawa ba.

Fatee_Dijital
Baba, da girmamawa, ban yarda ba. Kana magana kamar in zanen na motsi to babu hannun mai zane a ciki. Wa ya zaɓi cewa baƙin ciki hadari ne ba hazo ba? Wa ya yanke saurin da launin zai juya, da inda zai tsaya ya ƙi wucewa? Mai zanen ne. Bai zana hoto ɗaya ba, ya zana hali ne, yadda abin zai amsa maka. Wannan ma aiki ne, kuma yana iya zama mai kyau ko maras kyau kamar kowane zane.

A 2012 an nuna wani aiki mai suna Rain Room a cibiyar fasaha ta Barbican da ke Landan. Ruwa ne ke zuba a ɗaki kamar da bakin ƙwarya, amma duk inda ka taka sai ya ɗauke a daidai kanka, in dai ba ka yi gaggawa ba. Mutane sun yi awanni a layi don su shiga. Ba za ka ce wanda ya shiga da kansa ya gana ba. Ya gana da tunanin waɗanda suka tsara shi. Kuma game da daƙiƙa 27 ɗin nan, wataƙila zanen da ke amsawa shi ne zai sa mutum ya tsaya minti goma.

Dattijon_Zane
'Yata, zai tsaya minti goma, amma yana wasa ne da shi. Zai ɓata fuska ya ga me zai faru, ya yi dariya ya ga me zai faru, ya kira abokinsa ya ɗauke shi hoto. Tsayuwa daban, kallo daban. Amma maganarki ta hali na karɓe ta, ban taɓa duba abin ta nan ba. In mai zanen ya ba shi halin da wani lokaci zai ƙi bin ka, to mun fara kusantar juna.

Abban_Yara
Ni duk ba nan hankalina ya tafi ba. Ɗakin mutum ɗaya ne ke shiga ko jama'a? Ku ƙaddara miji da mata sun shiga tare, ita ta matsa gaba, sai bangon ya yi baƙi ƙirin. Shi yana tsaye a baya yana kallo. Abin da ta yi shekara tana haɗiyewa, bango ya tona a minti ɗaya. Ko kuma ma ba komai a ranta, na'urar ce ta yi kuskure, amma wa zai yarda? An koma gida da rigima. Ciki ba don abinci kaɗai aka yi shi ba. Mutum yana da haƙƙin ya riƙe abin da ke ransa har sai ya ga damar faɗa.

Barista_Umar
Abban_Yara ya taɓo inda ya fi damuna. Bayan ka fita, ina bayanan suke tafiya? Fuskarka, bugun zuciyarka, da hukuncin da na'ura ta yanke cewa ranar kaza kana cikin ƙunci, duk ana iya ajiye su. A Janairun 2012 Facebook ya yi gwaji na mako guda a kan mutane kusan 689,000 ba da saninsu ba. Wasu ya rage musu rubuce-rubucen farin ciki da suke gani, wasu ya rage musu na baƙin ciki, don ya ga ko nasu rubutun zai canza. Ya canza, ko da yake kaɗan ne. Sai a 2014 aka wallafa, duniya ta yi caa. Zanen da ke karanta ranka kuma yake zaɓar abin da zai nuna maka, irin wannan ikon ne a hannun mai shi.

Microsoft da kansa a 2022 ya sanar da janye ɓangaren gane motsin rai daga manhajarsa ta fuska, yana mai cewa masana ba su yi ittifaƙi a kan abin ba. Dokar Tarayyar Turai kan ƙirƙirarriyar basira kuma, daga Fabrairun 2025 ta hana amfani da irin wannan a wuraren aiki da makarantu, sai don lafiya ko kare rai. Haramcin bai kai ɗakin baje kolin zane ba, amma ya isa ya nuna maka yadda ake kallon abin.

Malama_Hadiza
Ƙari a kan na Barista: kuskuren na'urar ba ya faɗa wa kowa daidai. A 2018 wata mai bincike, Lauren Rhue, ta gwada manhajojin karanta fuska da hotunan 'yan wasan ƙwallon kwando na gasar NBA ta Amurka, ta tarar ana ba baƙaƙen 'yan wasa makin fushi ko raini fiye da fararen, ko da murmushinsu ɗaya. Ku yi tunanin baƙin mutum ya shiga ɗakin nan lafiya lau, bango ya haɗa masa hadari a gaban jama'a.

Ɗan_Almajiri
Ni tambayata, wannan bai shiga da'awar sanin gaibu ba? Abin da ke cikin ƙirji Allah kaɗai ya san shi.

Injiniya_Kabir
Malam, na'urar ba ta san komai ba, kintace take yi daga alamar da ke waje, kamar yadda likita ke kama hannunka ya ƙirga bugu. Matsalar tana wajen masu tallata ta da ke cewa tana "karanta zuciya". A 2005 an ba wata manhaja a Jami'ar Amsterdam hoton Mona Lisa, ta ce kashi 83 farin ciki, 9 ƙyama, 6 tsoro, 2 fushi. Lambobi tsaf-tsaf a kan fuskar da fenti ce. Wannan ya isa ya nuna maka cewa siffa take aunawa.

Mai_Tsinkaye
Na gode ƙwarai, na ƙaru fiye da yadda na zata. Amma ku ba ni dama in dawo da mu. Tunda zanen na tunani ne, mu ɗauka duk waɗannan an magance su: ba ya kuskure, ba ya ajiye komai, mutum ɗaya ke shiga a rufe ƙofa. Ya san ainihin abin da kake ji. To me zai yi da sanin? Ummu_Safiyya kaɗai ta amsa min wannan.

Bintu_A
Tun ɗazu nake karantawa ina shakkar rubutu, amma bari in faɗa. Lokacin da mahaifiyata ta rasu, abin da ya fi yi min ciwo ba shirun gidan ba ne, masu son su ga na warware da wuri ne. Kowa da kyakkyawar niyya yake zuwa, amma da na fara magana a kanta sai a canza zance, a kawo wani abin dariya, a ce kar in sa damuwa a raina. Na gane hawayena ne ke takura su, sai na koyi shanye su har su tafi.

Wata ƙanwar mahaifiyar tawa ce kaɗai ta yi daban. Ta zo ta zauna kusa da ni a ƙasa, ta jawo ɗankwalin marigayiyar da ke kan gado ta ɗora a cinyarta tana shafawa, ba ta ce min uffan ba. Muka yi kuka tare har muka gaji. Ranar ce na fara barcin kirki.

To ni in na shiga ɗakin nan da irin wancan nauyin, bango ya washe min da rana da ruwa mai ƙyalli, zan ji kamar wanda ya zo ta'aziyya yana ba da labarin ban dariya. Zan ji an ce min abin da nake ji bai dace ba, in yi sauri in gyara. Gara ya yi duhu tare da ni. Ba don ya ƙara min ba, don in san an gan ni.

Ummu_Safiyya
Allah ya jiƙan Mama, ya sa ta huta. 'Yar uwa, maganarki ta shige ni. Amma ki duba, innar taki mutum ce, ta san lokacin da za ta ce "tashi ki wanke fuska". Bango fa? Ni ina tsoron wanda ya riga ya kai gaɓa, ya shiga ya ga duniya ta yi baƙi kamar yadda zuciyarsa ke faɗa masa. Sai ya ce to ashe gaskiya ne.

Injiniya_Kabir
Tsoron Ummu yana da tushe, ko ta fuskar aikinmu. In abin da na'ura ke fitarwa yana komawa ya ƙara abin da take aunawa, to ana samun zagaye mai ci gaba da hauhawa. Shi ne ke faruwa in an kusantar da makirufo ga lasifika, ƙaramar ƙara ta koma tsuwa mai kashe kunne. Ka shigo da ɗan tsoro, filin ya tsuke, tsoron ya ƙaru, ya ƙara tsukewa. Dole mai tsarawa ya sa birki a wani wuri.

Anti_Nas
Allah ya gafarta mata, Bintu. Tsakanin maganarki da ta Ummu akwai hanya. Masu kula da marasa lafiya ta hanyar kiɗa suna da wata ƙa'ida tun shekarun 1940: ba a fara wa mai ƙunci da kiɗa mai zafi. Ana farawa da wanda ya yi daidai da halin da yake ciki, sai a riƙa sauyawa sannu a hankali zuwa inda ake so ya kai. Mu ma a bakin gado haka muke yi ko ba mu sa masa suna ba. In mara lafiya na numfashi sama-sama, ba na ce masa "kwantar da hankalinka". Ina riƙe hannunsa in yi magana da saurin da yake ciki, sai in riƙa rage nawa, shi ma ya biyo ni bai sani ba. Zanen ya fara da hadarin, ya zauna a ciki tare da kai, sannan can gefe ya ɗan buɗe kaɗan.

Bintu_A
Amin, na gode. Anti, na yarda da rabi. Amma in na san dabara ce, cewa duhun na ɗan lokaci ne kafin a ja ni zuwa haske, zan ji ana sarrafa ni ne. Innata ba ta zo da shirin inda za ta kai ni ba.

Fatee_Dijital
Baba Dattijo, ka ga abin da nake nufi? Amsa uku aka bayar, ta Ummu, ta Yaya Bintu, ta Anti, kuma kowacce zane ne daban. Wanda ya zaɓi ɗaya a ciki ya faɗi ra'ayinsa a kan baƙin ciki. In wannan ba aikin mai zane ba ne, mene ne?

Dattijon_Zane
Na gani. In ni aka ba aikin, zan sa shi ya yi jinkiri. Kar ya amsa wa wanda ya shigo yanzu sai ya daɗe a tsaye, kuma canjin ya zama kaɗan ƙwarai, har mutum ya riƙa kokwanton ko idonsa ne. Mai son wasa zai gaji ya fita.

Malama_Hadiza
Baba, in haka ne wataƙila ba ka buƙatar na'urar ma. Kimanin shekara ɗari da suka wuce, Lev Kuleshov, wani mai shirya fim a Rasha, ya ɗauki fuskar wani ɗan wasan kwaikwayo wadda ba ta nuna komai, ya jera ta da hotuna daban-daban: kwanon miya, akwatin gawa, da wata mace. Masu kallo suka riƙa yaba yadda ya nuna yunwa a nan, alhini a can, sha'awa a can, alhali fuskar ɗaya ce. Ka rataye zane na yau da kullum, ka rubuta a ƙofa cewa yana bin zuciyar mai kallo, ina da yaƙinin da yawa za su fito suna rantsuwa sun ga ya canza.

Barista_Umar
Wannan kuma yaudara ce, Malama, ko da ta yi aiki.

Sadauki99
Ni har yanzu zan shiga. Amma bayan maganar Abban_Yara, ni kaɗai, ba da kowa ba.

Abban_Yara
Ni ko ni kaɗai ne ba zan shiga ba. Akwai ranakun da abin da ke riƙe da ni shi ne ban tsaya na duba ba. Ina da yara da zan ciyar, ina da aikin da zan fita gobe. Ba kowane lokaci mutum ke da ƙarfin a nuna masa cikinsa ba, kuma ba na ganin wannan gazawa ce.

Mai_Tsinkaye
Abban_Yara, wannan ban hango shi ba sam. Injiniya, akwai yadda za a yi zanen ya zauna shiru ga irin su, har sai mutum ya nuna da kansa yana so a amsa masa?

Injiniya_Kabir
Akwai, kuma ya fi sauƙi. A cire kyamarar gaba ɗaya, a sa abin kamawa a gaban allon irin na Lozano-Hemmer. Wanda bai ɗora hannu ba zai ga fili da ruwa kamar kowa, ba a auna shi ba. Wanda ya ɗora, shi ya nema, kuma yana ɗagawa an daina. Hakan ya kuma rage matsalar da Malama ta kawo ta launin fata da murmushin yaƙe. Sai dai mun koma inda muka baro ɗazu: hannu zai faɗa maka zuciya ta motsa, ba zai bambance maka Yaya Bintu da wanda ya hau bene da gudu ba.

Zarah_M
To a sa kujera a bakin ƙofa mana, kowa ya huta kafin ya shiga. Yaya Bintu, ke za ki ɗora hannun?

Bintu_A
A watannin farko a'a. Yanzu ina jin zan iya, in dai ba wanda ke jira a bayana.